Jinin Soja a Cikin Bariki: A Wuyan Wa Bincike Yake?

Daga ranar da yaro ya sa hannu ya shiga aikin soja, ya miƙa wuyansa ga hukuma, ita ke ce masa kwanta ya kwanta, ita ke ɗora masa bindiga a kafaɗa ta tsai da shi gadi cikin dare, har iyayen da suka haife shi ba su da ikon ganinsa sai da izini. To, idan aka wayi gari aka tsinci gawarsa cikin bariki, ba a fagen fama ba, ba kuwa wanda ya ga yadda aka yi, lalle bayanin wannan mutuwa bashi ne a kan hukumar da ta karɓe shi amana. Sai dai wanda ake bin bayani ba shi ya kamata a ba bincike ba, kuma nan ne mas'alar take.

Malamanmu na fiƙihu sun daɗe da sanin nauyin wannan al'amari a babin ƙasama. Asalinsa shi ne Abdullahi bin Sahal, wanda aka samu an kashe a Haibara ba a san mai kisan ba, Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya biya diyyarsa raƙuma 100 don kada jininsa ya tafi a banza. Malikiyya suka ɗora rantsuwa 50 a kan magadan mamaci idan akwai alama mai ƙarfi, Hanafiyya kuwa suka ɗora ta a kan mutanen unguwar da aka tsinci gawar. Sun saɓa a hanya, amma sun haɗu a kan cewa ba a binne irin wannan gawa a yi shiru. Sun kuma ƙi karɓar shaidar wanda zai jawo wa kansa amfani da ita, ko ya tunkuɗe wa kansa wata cuta.

A Ingila akwai wani barikin horar da kurata mai suna Deepcut, a lardin Surrey, inda matasa 4 suka mutu da harbin bindiga tsakanin 1995 da 2002: Sean Benton mai shekara 20, da Cheryl James mai 18, da Geoff Gray da James Collinson, kowannensu mai 17. Benton harbi 5 aka samu a ƙirjinsa, Gray kuwa 2 a kansa. A bisa doka 'yan sandan lardi ke da haƙƙin fara bincike, amma sai suka sakar wa 'yan sandan soja mafi yawan aikin, su kuwa tun da wuri suka tafi a kan cewa yaran su suka kashe kansu. Zaman farko da alƙalin binciken mutuwa ya yi kan Cheryl James bai cika awa ɗaya ba, ɓarɓashin harsashin da aka ciro daga jikinta kuma ya ɓace. Sai a 2003 'yan sandan Surrey suka nemi gafarar iyayen, alhali abin da ya salwanta a sa'o'in farko babu mai iya maido shi.

Abin mamaki, a shekarar 1995 ɗin da aka fara waɗannan mace-mace ne Kotun Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Turai ta yanke hukunci, a shari'ar McCann, cewa haƙƙin rayuwa da ke sashe na 2 na yarjejeniyar kare haƙƙin ɗan Adam ta Turai ya wajabta wa gwamnati bincike na gaskiya idan jami'anta suka kashe rai. A 2001, a shari'ar Jordan, ta fayyace sharuɗɗan: mai bincike ya zama ba ya ƙarƙashin waɗanda abin ya shafa, a yi cikin hanzari, a yi a idon jama'a, a kuma sa dangin mamaci a ciki. Da irin wannan hujja ce, bayan lauya Nicholas Blake ya ce a rahotonsa na 2006 kan mace-macen Deepcut ba sai an kafa kwamitin bincike na fili ba, iyayen Cheryl James suka tilasta aka fito musu da takardun 'yan sanda, Babbar Kotu ta soke hukuncin farko a 2014, aka tono gawar, aka sake zama a 2016.

Mai musu zai ce, ai sabon zaman na 2016, da na Benton a 2018, da na Gray a 2019, duk sun tabbatar da cewa yaran su suka kashe kansu, ashe ke nan soja sun yi daidai tun farko. Wannan magana ba ta gamsar da ni ba. Wanda ya yi hukunci da zato, ko da ya dace, bai sauke farali ba, balle ma tambayar ba ta tsaya ga wanda ya ɗana kunamar bindiga kaɗai ba. Sabbin zaman ne suka tabbatar da cewa an tsai da Cheryl James ita kaɗai gadi da bindiga mai harsashi, saɓanin ƙa'idar soja, cewa wani saje ya riƙa dukan Benton yana wulaƙanta shi, cewa masu kula da kuratan sun yi ƙaranci ƙwarai. Duk waɗannan laifin hukuma ne, kuma ba a sa ran hukuma ta tono su da hannunta.

Saboda haka a ganina horon soja da sirrin bariki ba su isa hujjar hana bare shiga ba. Duk sojan da ya mutu mutuwar da ba a san musabbabinta ba, wajibi ne 'yan sandan farar hula su karɓi wurin tun sa'ar farko, likita mai zaman kansa ya duba gawar, alƙali ya zauna a fili, gwamnati kuma ta biya wa iyaye lauya kamar yadda take biya wa kanta. Iyayen Cheryl James sun jira sama da shekara 20 kafin su sami abin da ya kamata a ba su tun 1995, wannan jinkiri kuwa zalunci ne.