Asalin Hotunan Katako na Ƙasar Japan

Tun ba a san za a yi wani birni wai shi Tokyo ba mutanen Japan suke ɗab'i, kuma addu'a ce mafarin abin. Magabatansu sun ce a shekarar 764 aka yi wani tawaye, Sarauniya Shotoku ta murƙushe shi. Da ƙura ta lafa sai ta ba da umarni a sassaƙa 'yan ƙananan hasumiyoyi na itace har miliyan ɗaya, a buga addu'o'in addinin Buddha a 'yan takardu, a naɗe kamar laya, a cusa a cikin kowace. Shekara shida ana wannan aiki, aka gama a 770, aka rarraba wa manyan ɗakunan ibada goma. Har yau akwai dubbai a ajiye a ɗakin ibada na Horyuji, kusa da Nara. Waɗansu masana sun ce da farantin ƙarfe aka buga su. Ni dai na fi yarda da katako, don daga Sin sana'ar ta zo musu, su kuwa Sinawa da katako suke yi.

Aka daɗe abin bai bar hannun malaman addini ba, sai da birnin Edo, wato Tokyo ta yau, ya bunƙasa, 'yan kasuwa suka yi kuɗi, suka so hoto. Hishikawa Moronobu, wanda ya rasu a 1694, shi ake kira uban sana'ar, sunanta kuwa ukiyo-e, wato hotunan duniya mai wucewa.

Aikin ba na mutum ɗaya ba ne. Mai zane ya zana, masassaƙi ya manna zanen a kife bisa allon itacen ceri, ya rarake duk inda ba layi, har siririn gashin kai ya bar shi a tsaye. Kowane launi da allonsa. Mai bugu ya shafa tawada, ya ɗora takarda, ya murza bayanta da wani ɗan faifai da suke kira baren. Ba inji, sai ƙarfin damtse.

Hotunan duwatsu da teku kuwa sai wajen 1830 suka kankama, da Hokusai, yana da shekara saba'in, ya samu wani sabon shuɗi na Turai ya fitar da hotuna 36 na Dutsen Fuji. Suka karɓu har ya ƙara goma. Hiroshige ya biyo da zango 53 na hanyar Tokaido, daga Edo zuwa Kyoto. Abin da ya fi burge ni shi ne arha: kuɗin kwanon taliya ɗaya ko biyu ya isa ɗan dako ya kai hoton Dutsen Fuji da suke tsarkakewa ɗakinsa.

Da kyamara da injin ɗab'i suka shigo, kasuwar ta faɗi warwas, Turawa suka kwashe kyawawan da yawa, abin takaici. Amma hoton wata igiyar ruwa da Hokusai ya zana, shi ne a bayan takardar yen 1,000 da Japan ta fitar a 2024.