Umaru Ladan da Tafiyar Shaihu Umar Daga Littafi Zuwa Majigi

A duk lokacin da aka ambaci fim ɗin Shaihu Umar na 1976, sunaye biyu ne ke fara zuwa bakin manazarta: Abubakar Tafawa Ɓalewa, mai littafin, da Adamu Halilu, wanda ya ba da umarni. Akwai kuwa mutum na uku a tsakaninsu da ba a cika tunawa da shi ba, wato Umaru Ladan. Manufar wannan maƙala ita ce ta nuna irin nauyin da ya ɗauka.

Ɓoyuwar mai tsara zance tsohon al'amari ne a tarihin majigi. Tun da Turawan Ingila suka kafa hukumarsu ta shirya fina-finai domin ƙasashen da suke mulka a 1939, akan zagaya garuruwan Arewa da mota ana haska hotuna a kan kiwon lafiya da noma. Tafinta ne ke tsayawa da lasifika yana sa wa hotunan magana da Hausa. Shi ke ba labarin rai, amma sunan Baturen da ya ɗauki hoto ne ke shiga takarda.

Littafin Shaihu Umar ya samu ne daga gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933. Kusan dukkansa murya ɗaya ce: malami zaune a Rauta yana ba almajiransa labarin yadda aka sace shi yana yaro, aka ƙetara Hamada da shi. Irin wannan zubi yana da daɗin karatu, amma ba ya hawa dandamali sai an warware shi. Wannan shi ne aikin da Umaru Ladan ya yi tare da Dexter Lyndersay, mutumin Tirinidad, a wasan kwaikwayon da aka buga a 1975. Sun raba muryar Shaihu ga bakuna da yawa, har mahaifiyarsa, wadda a littafi labarinta ake bayarwa, ta tsaya gaban jama'a da nata baƙin cikin. A kan wannan harsashi aka gina fim ɗin, kuma Ladan ɗin ne ya fito a matsayin Shaihu.

Fim ɗin ya daɗe ba a jin ɗuriyarsa, sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya. Cibiyar Arsenal ta ƙasar Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018.

Faifai idan ya ɓace ana iya tsintarsa a ɗakin ajiya. Suna kuwa, idan aka daina faɗinsa, babu ma'ajiyar da za a je nemansa. Saboda haka ya kamata ɗalibanmu su riƙa nazarin littafin da wasan da fim ɗin a jere, su kuma tuntuɓi dattawan Keffi da Panda da suka ga zamanin majigi, tun kafin ƙasa ta rufe abin da suka sani.