Ranar da Doka ta Yanka: Hausawan Abu Hujar da Matsalar Jinsiyya a Sudan

Tsakure

Wannan maƙala ta bi diddigin dokokin zama ɗan ƙasa a Sudan daga 1948 zuwa 2011, domin gano dalilin da ya sa har yau ake kallon wasu Hausawan Jazira da Sinnar da Nilul Azraƙ a matsayin baƙi marasa takarda. Ta nuna cewa an sha sassauta doka a rubuce, amma hanyar tabbatar da asali a gaban jami'i da tsarin mallakar ƙasa a karkara sun ci gaba da dogara ga ƙabila.

Gabatarwa

Abu Hujar gari ne a jihar Sinnar, kudu da Sinja, a kan hanyar Damazin. A ƙauyukan da ke bin gaɓar Nilul Azraƙ ta wannan yanki akwai Hausawa masu noman dawa da riɗi, masu lambu a bakin kogi, da masunta. Da yawansu ba su taɓa ganin Kano ko Sakkwato ba, haka ma iyayensu. Duk da haka, idan zancen jinsiyya ya taso, wato takardar shaidar zama ɗan ƙasa, sai a koma tambayar yaushe kakansu ya iso. A Amurka da Turai, muhawarar baƙin haure tana kan wanda ya ƙetara iyaka ba izini. A nan kuwa mutanen sun riga takardar zuwa, wasunsu ma sun riga ƙasar samun 'yancin kai da shekara 50.

Yadda aka zo

Hanyar hajji ta ƙasa ita ce mafari. Mahajjata kan tashi ta Borno, su ratsa Wadai da Darfur da Kurdufan, su nufi Sawakin a bakin Bahar Maliya. Tafiyar kan ci shekaru, domin sai an tsaya an yi ƙwadago an tara guzuri. Faɗuwar daular Usmaniyya ta Sakkwato ta ƙara yawan matafiya. Bayan kashe Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya a Burmi a watan Yuli na 1903, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja sauran jama'a zuwa gabas, suka sauka a gaɓar Nilul Azraƙ wajejen 1906, inda garin Mai Wurno yake yanzu kusa da Sinnar. Daga baya ƙauyukan Hausawa da Fulani suka yi ta yaɗuwa a kudancin kogin.

Turawan Ingila ba su kore su ba, domin suna buƙatarsu. Da aka kammala madatsar ruwa ta Sinnar a 1925, aikin noman auduga na Jazira ya nemi hannuwa masu yawa, kuma mahajjatan yamma sun shahara da juriyar aiki. Masu hawasha, wato gonar da hukumar aikin ke ba manomi, suna zaune a ƙauyuka masu rajista. 'Yan ƙwadago kuwa aka bar su a kambo, rukunin bukkoki a gefen magudanar ruwa, inda ba su da ikon mallakar filin da suke kwana a kai. Mark Duffield ya nazarci rayuwar Mai Wurno a littafinsa na 1981, shi kuma C. Bawa Yamba ya nuna a nasa na 1995 yadda jikokin mahajjata a Jazira ke ci gaba da kiran kansu matafiya zuwa Makka. Wannan kallon kai na ibada ne, amma ya yi wa masu cewa ai baƙi ne daɗi.

Ranar da ke matsawa

Dokar 1948 ce ta fara fayyace wane ne Basudane. Ta ce sai wanda shi ko kakanninsa na wajen uba suke zaune a ƙasar tun 31 ga Disamba 1897, wato kafin rundunar Ingila da Masar ta ci Omdurman a 1898. Dokar jinsiyya ta 1957 ta riƙe wannan rana. Ma'anar haka a fili take: duk wanda ya biyo Mai Wurno ya makara da kusan shekara 9, kuma makararsa ta zama gadon 'ya'yansa. Abin da ya rage masa shi ne neman jinsiyya ta roƙo, wadda ke buƙatar zaman shekara 10 da jin Larabci da barin kowace ƙasa ta daban.

A shekarun 1970 aka matso da ranar zuwa 1 ga Janairu 1924, abin da ya shigo da mutanen da suka yi hijira tare da Mai Wurno amma ya bar ma'aikatan auduga da suka zo bayan buɗe Jazira. Dokar 1994 ta sake matso da ita zuwa 1 ga Janairu 1956, ranar 'yancin kai, ta rage wa'adin roƙo zuwa shekara 5. Kundin tsarin mulki na wucin gadi na 2005 ya amince ɗa ya gaji jinsiyya ta wajen uwa. A rubuce dai, kusan duk Bahaushen Abu Hujar Basudane ne ta haihuwa.

Gaban jami'i

Sai dai doka ba ta cika takarda da kanta. Mai nema yakan kawo asib, ɗan'uwa na wajen uba wanda ya riga ya mallaki jinsiyya, ko shaidar omda, wato shugaban gargajiya, ko shaihin ƙauye, kuma ana tambayar ƙabila. Wanda kakansa bai cancanta ba a 1957 zai iya rasa asib mai takarda a duk danginsa. Ƙabilun da ke da 'yan'uwa a ƙetare kuma sukan sha ƙarin bincike. Da aka shigo da raƙam waɗani, lambar ɗan ƙasa, a 2011, rashin takarda ya ƙara tsada, domin da ita ake neman fasfo da buɗe asusun banki da sauran mu'amala da hukuma.

Siyasa ma ta sa baki. A watan Oktoba na 2008 jaridar al-Ayyam ta danganta wa Shugaba Umar al-Bashir maganar da ke cire Hausawa daga cikin 'yan ƙasa. Fadar shugaban ta musanta, amma sai da aka yi zanga-zanga a Gadarif da Kasala da Bur Sudan, har da asarar rayuka.

Takarda da ƙasa

Mataki na biyu, wato mallakar ƙasa, ya fi na farko, wato samun takarda, wuya. A karkara, gona da hukunci suna hannun masarautun gargajiya, kuma ana ɗaukar kowace masarauta a matsayin ta ƙabilar da ke da ƙasar. Bahaushe zai iya riƙe jinsiyya a aljihu amma ya zauna a ƙarƙashin omdan wata ƙabila a matsayin baƙo. Da Hausawan Nilul Azraƙ suka nemi a ba su tasu masarauta, shugabannin gargajiya na yankin suka ƙi. Rikici ya ɓarke a watan Yuli na 2022, aka kashe mutum fiye da 100 a Rusairis da kewaye, a watan Oktoba kuma kimanin 200 a Wad al-Mahi. Dubbai suka gudu zuwa Sinnar da Jazira da Nilul Abyad.

Yaƙin da ya fara tsakanin sojoji da dakarun RSF a Afrilu 2023 ya ƙara dagula lamarin. Dakarun RSF sun kama Sinja a ƙarshen Yuni 2024, sojoji suka ƙwato ta a Nuwamba. A shingayen hanya, rashin katin shaida da abin da ake kira baƙuwar fuska sun isa a tsare mutum, kuma an kai wa mazauna kambo hari a Jazira a Janairu 2025.

Kammalawa

Binciken ya nuna cewa matsa rana sau biyu bai warware matsalar ba, domin hujjar da ake nema ta jini ce. Gyara uku ke gaba: a karɓi shaidar haihuwa da daɗewar zama a madadin asib, a cire tambayar ƙabila daga neman raƙam waɗani, a kuma yi wa kambo da ƙauyukan bakin kogi rajista da sunan mazaunansu. Sudan ba ta shiga yarjejeniyoyin Majalisar Ɗinkin Duniya na 1954 da 1961 kan marasa ƙasa ba, amma Tarayyar Afirka ta amince da nata ƙudurin kan haƙƙin zama ɗan ƙasa a Fabrairu 2024, wanda ke jiran sa hannun ƙasashe.