Sushma Swaraj da Diflomasiyyar 'Yan Ci-rani

Masu nazarin siyasar Indiya da dama sun tafi a kan cewa tsakanin 2014 da 2019 Firaminista Narendra Modi ne ya riƙe ragamar hulɗar ƙasarsa da duniya, ministarsa ta harkokin waje, Sushma Swaraj, kuwa aka bar ta da biza da fasfo da koke-koken jama'a. Akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Modi ne ke zama da shugabannin Amurka da Sin da Japan, manyan shawarwari kuma daga ofishinsa suke fitowa. Inda na saɓa da su shi ne ɗaukar abin da ya rage mata a matsayin ƙaramin aiki. A ƙasar da miliyoyin 'ya'yanta ke neman abinci a ƙetare, wannan aikin ne fuskar gwamnati da talaka ke gani, kuma da shi ya dace a auna Swaraj, a inda ta yi bajinta da inda ta gaza.

Ba sabuwar shiga ba ce lokacin da ta karɓi ma'aikatar. An haife ta a Ambala, da ke jihar Haryana ta yanzu, a 1952. Ta karanta shari'a, ta kuma shiga ayarin lauyoyin da suka kare ɗan adawa George Fernandes a zamanin dokar ta-ɓaci ta Indira Gandhi. A 1977, tana da shekara 25, ta ci kujerar majalisar jiharta, aka naɗa ta minista a gwamnatin jihar ƙarƙashin Devi Lal. Daga nan ta riƙe ma'aikatar yaɗa labarai a gwamnatin Firaminista Vajpayee, inda a 1998 aka amince da harkar fim a matsayin masana'anta, abin da ya buɗe wa masu shirya finafinai ƙofar bashin banki. A ƙarshen shekarar ta zama mace ta farko da ta shugabanci gwamnatin Delhi, na 'yan makonni kawai, kafin tsadar albasa da fushin masu zaɓe su kayar da jam'iyyarta ta BJP. Ta riƙe ma'aikatar lafiya daga 2003 zuwa 2004, sannan ta jagoranci 'yan adawa a majalisar wakilai daga 2009 zuwa 2014.

Zaɓen Bellary na 1999 ya fi komai nuna halinta. Jam'iyya ta tura ta jihar Karnataka, can kudu, ta kara da Sonia Gandhi a mazaɓar da jam'iyyar Congress ba ta taɓa faɗuwa ba. Cikin 'yan kwanaki ta koyi harshen Kannada gwargwadon da za ta yi wa taro jawabi da shi. Ta sha kaye da tazarar ƙuri'a kusan 56,000, amma ta fito da suna. A yaƙin ne kuma aka ga ɗaya ɓangaren nata, domin kamfen ɗin ya ginu ne a kan cewa abokiyar hamayyarta haifaffiyar Italiya ce. A 2004 ma ta yi barazanar aske kanta idan Sonia ta zama firaminista. Mai iya sauka ta yi magana da mutane da harshensu, ita ce dai mai shata iyaka tsakanin ɗan gida da baƙo. Halayen nan biyu sun bi ta har ma'aikatar harkokin waje.

Sai an dubi yanayin ƙasar kafin a fahimci nauyin abin da ta yi a can. Indiya ce kan gaba a duniya wajen karɓar kuɗin da 'yan ci-rani ke aikowa gida. Bankin Duniya ya ƙiyasta kusan dala biliyan 79 a 2018. Kaso mai tsoka na kuɗin daga ƙasashen Larabawa na yankin Gulf yake zuwa, daga gumin magina da direbobi da masu aikin jinya da 'yan aikin gida. Lebura da ubangidansa ya riƙe masa fasfo, ko matar da mijinta ya rasu a Saudiyya tana neman yadda za a kawo gawa, ba ruwansu da taron ƙoli. Abin da suke so su sani shi ne ko akwai mai ɗaga waya a ofishin jakadanci.

Swaraj ta mayar da shafinta na Twitter wurin kai kuka. Mutum zai rubuto cewa jakarsa ta ɓace da fasfo a ciki a wata ƙasa, ko an hana ɗan'uwansa albashi, sai ta amsa da kanta, ta ambaci sunan ofishin jakadancin a bainar jama'a, ta ce a kawo mata rahoto. Jami'in da ya saba jan ƙafa ya san yanzu idon minista na kansa. Har marasa lafiya daga Pakistan sun sami bizar zuwa asibiti ta wannan hanya, a lokacin da dangantakar ƙasashen biyu ta yi tsami. A Yulin 2014 an dawo da ma'aikatan jinya 46 da mayaƙan IS suka tsare a Iraƙi. A Afrilun 2015 aka kwashe Indiyawa sama da 4,000 daga Yaman ta hanyar Jibuti, tare da kusan mutum 1,000 'yan wasu ƙasashe.

Akwai suka mai ƙarfi a nan, kuma ban raina ta ba: idan sai minista ta ga saƙonka za ka sami haƙƙinka, to alfarma ce aka yi maka, kuma wanda bai iya rubutu ba ko ba shi da intanet ya shiga uku. Amsar da tarihinta ya bayar ita ce ba ta tsaya a Twitter ba. A 2015 ma'aikatarta ta ƙaddamar da MADAD, dandalin da ake shigar da ƙorafi a bi sawunsa har a warware. Daga 2017 aka fara buɗe cibiyoyin fasfo a gidajen waya, har suka kai ɗaruruwa, mutumin karkara ya huta da doguwar tafiya zuwa babban birni. Waɗannan sun ci gaba da aiki bayan ta bar ofis, kuma a ganina sun fi duk saƙonninta nauyi a ma'auni.

Sai dai salon nata ya cutar a batun Mosul, a Iraƙi. Magina Indiyawa 39, yawancinsu daga Punjab, aka sace a Yunin 2014. Shekara kusan huɗu gwamnati na cewa tana da bayanan da ke nuna suna raye, duk da wani da aka sace tare da su amma ya kuɓuta ya ce an harbe su. Ranar 20 ga Maris 2018 ta sanar da majalisar dattawa cewa an gano gawarwakinsu a Badush. Hujjarta ita ce ba za ta ayyana mutum ya mutu ba tare da shaida ba, kuma hujja ce mai ma'ana. Amma iyalan sun ce a talabijin suka ji labarin, bayan sun sha zama da ita tana ba su tabbaci. Wanda ya gina amana a kan kusanci da mutane, alhakinsa ya fi na jami'in da bai taɓa yi musu alkawari ba.

A Yunin 2018 ma'aikatarta ta tsaya wa wasu ma'aurata, Musulmi da matarsa 'yar Hindu, da suka yi ƙorafin an wulaƙanta su a ofishin fasfo na Lucknow. Magoya bayan jam'iyyarta suka yi wa Swaraj caa da zagi, har da gori a kan dashen ƙodar da aka yi mata a 2016, manyan jam'iyyar kuma suka yi jinkirin kare ta. Ba ta janye ba, kuma wannan abin yabo ne.

Ga 'yan Afirka kuwa, lissafin bai kai haka daɗi ba. A Maris 2017 gungun mutane suka far wa ɗalibai 'yan Najeriya a Greater Noida, kusa da Delhi, bisa zargin da ba a tabbatar ba. Jakadun ƙasashen Afirka suka fitar da sanarwa cewa harin na ƙyamar baƙi ne da wariyar launin fata. Swaraj ta sa an ɗauki mataki, an kuma kama wasu, amma a gaban majalisa ta ƙi yarda da wannan siffa, ta nuna ɓacin ranta da sanarwar jakadun. Ministar da ta san zafin wulaƙancin da ake yi wa Ba'indiye a ƙasar wani ta fi kowa cancantar gane shi ranar da ya faɗa wa baƙo a ƙasarta, kuma a ranar ta fifita kare sunan Indiya.