Daga Yardar Sarki Zuwa Ƙa'idar Aiki: Tarihin Tabbatar da Ma'aikatan En'e

Abin da ake nufi da tabbatar da ma'aikaci shi ne a ba shi takardar zama cikakken ma'aikacin hukuma bayan ya cika wa'adin gwaji, wanda bisa ƙa'idojin aikin gwamnatin Nijeriya shekara 2 ne. Daga nan yana da haƙƙin fansho, kuma ba a sallamarsa sai an tuhume shi a rubuce, an ji ta bakinsa. Wannan maƙala za ta duba yadda ma'aikatan En'e na ƙasar Hausa suka shiga inuwar wannan ƙa'ida.

A zamanin Turawa, ma'aikata iri biyu ne a Arewa. Akwai na Gwamna, akwai kuma na En'e, wato alƙalai da 'yan doka da gandirebobi da malaman ofis, waɗanda baitulmalin masarauta ke biya. Ɗaukar waɗannan da sallamarsu na hannun Sarki da majalisarsa, ko da yake Razdan na sa baki a kan manyan muƙamai. Saboda haka ɗorewar mutum a kan aikinsa ta dogara ƙwarai ga zaman lafiyarsa da fada.

Sauyi ya zo ne mataki-mataki. Bayan da soja suka karɓi mulki a 1966, an raba En'e da manyan sassanta uku. A 1968 kotunan alƙalai suka koma hannun jihohi, gidajen yari kuwa hannun Gwamnatin Tarayya, aka kuma fara shigar da 'yan doka cikin rundunar 'yan sandan Nijeriya. Sannan Hukumar Udoji, wadda aka kafa a 1972 ta kuma miƙa rahotonta a 1974, ta kawo tsarin albashi na bai ɗaya mai matakai 17. Daga ƙarshe gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya rushe En'e, ya kafa ƙananan hukumomi 301, ya kuma ɗora ɗaukar manyan ma'aikatansu da ladabtar da su a kan wata hukuma ta musamman a kowace jiha.

Sai dai fa ƙa'idar ta gamu da jarrabawa tun wannan gyara bai kammalu ba. A 1975 gwamnatin Janar Murtala Muhammad ta sallami ma'aikata fiye da 10,000, har da tabbatattu, da yawansu ba tare da an bi matakan tuhuma ba. Wasu sun cancanci kora, amma waɗanda suka tsira sun ga cewa takardar tabbatarwa ba ta kare mutum daga sanarwar rediyo.

Bisa ga abin da ya gabata, za a iya cewa ma'aikacin En'e ya fita daga hannun fada ya shiga hannun ƙa'ida. Amma amfanin ƙa'idar gare shi ya tsaya ne a iyakar inda masu iko suka yarda ta ɗaure su su ma.