Rufe Ƙofar Majalisa: Yadda Dokar Biritaniya Ta Sauya daga 1908 zuwa 1985

A shekarar 1907 majalisar garin Tenby, wani ɗan gari na bakin teku a yankin Wales, ta hana Frank Mason, mai jaridar Tenby Observer, halartar zamanta, domin kansiloli ba su ji daɗin yadda yake ba da labarin muhawararsu ba. Mason ya ƙi yarda, magana ta kai kotu. A 1908 alƙalai suka yanke hukunci cewa ba shi da haƙƙin shiga, ko da sunan ɗan jarida, ko da sunan mai biyan haraji. Watau a wancan zamani sirri shi ne asali, buɗe ƙofa kuwa alfarma ce da kansiloli ke yi wa wanda suka ga dama.

Wannan hukunci ya ta da ƙura, har Majalisar Dokoki ta yi doka a cikin shekarar wadda ta ba 'yan jarida izinin shiga zaman ƙananan hukumomi. Amma fa dokar ba ta haɗa da kwamitoci ba, kansiloli kuwa ba su daɗe ba suka gano wannan kafa. Da zarar an zo kan batu mai nauyi, sai wani ya miƙe ya kawo shawara cewa majalisa ta koma kwamiti. Mutanen dai su ne, kujerun ma su ne, sai dai an fitar da 'yan jarida. Haka aka yi ta yi fiye da shekara hamsin.

Abin da ya kawo gyara shi ne yajin aikin ma'aikatan ɗab'i na 1959, lokacin da waɗansu majalisu da ke hannun jam'iyyar Leba suka kori wakilan jaridun da suka ci gaba da fitowa. Wata sabuwar 'yar majalisa mai wakiltar Finchley, Margaret Thatcher, ta kawo ƙudurin doka a kan haka, kuma da shi ta yi jawabinta na farko a majalisa ran 5 ga Fabrairu, 1960. Dokar da ta fito ta juya al'amarin gaba ɗaya. Zama ya zama a buɗe ga kowa, ba 'yan jarida kaɗai ba. Dole a sanar da shi kwana uku kafin ranar. Kwamitin da ya ƙunshi dukkan kansiloli kuma hukuncinsa ɗaya da majalisar. Ba a haramta zaman sirri ba, sai dai an ɗora nauyin hujja a kan mai son rufe ƙofa: sai an zartar da shawara cewa bayyana batun zai cutar da amfanin jama'a.

Kalmar nan ta amfanin jama'a riga ce mai faɗi, kowa na iya fakewa a cikinta. Dokar 1972 ta buɗe sauran kwamitoci, sa'an nan ta 1985 ta taƙaita uzurin, ta raba sirri gida biyu. Na farko shi ne bayanin da wata ma'aikatar gwamnati ta bayar bisa sharaɗin kada a bayyana, ko wanda doka ko kotu ta hana bayyanawa. A nan tilas ne a fitar da jama'a. Na biyu jeri ne da aka rubuta cikin dokar, kamar al'amarin wani ma'aikaci shi kaɗai, da cinikin kwangila, da sulhu da ƙungiyar ƙwadago, da shawarar lauya, da binciken laifi. A nan majalisa tana da zaɓi, amma sai ta faɗi wane sashe na jerin ta dogara da shi, kuma ta rufe ƙofa a kan wannan batu kaɗai, ba a kan zaman duka ba.

Har ila yau dokar ta ɗora wa ma'aikacin majalisa wani aiki. Idan abin da aka cire daga rahoton zama ya sa ba za a fahimci abin da ya gudana ba, wajibi ne ya rubuta taƙaitaccen bayani wanda bai tona sirrin ba, a ajiye shi tare da rahoton, inda kowane ɗan gari zai iya zuwa ya duba har tsawon shekara shida.