Motar kayan wasa da ta take Momo

Masu kallon katun ɗin Japan, wato anime, sukan ce a 2011 ne labarin yarinya mai sihiri ya fara ɗaci, shekarar da aka nuna Puella Magi Madoka Magica na Gen Urobuchi, inda dodo ya hallaka jaruma Mami Tomoe tun a kashi na 3. Wannan magana ta ci wa tarihi kusan shekara 30. Salon ya samo asali ne daga Mahōtsukai Sally, wanda kamfanin Toei ya fitar a 1966, kuma da tafiya ta yi tafiya sai ya zama hanyar talla: sandar da yarinya ke ɗagawa a talabijin ita ce iyaye ke saya a kanti. Shirin Minky Momo da aka fara a 1982 ya ɗanɗana kuɗarsa a wannan ciniki. Da kamfanin da ke ɗaukar nauyinsa ya janye hannu, sai masu shirin suka sa babbar mota ta take Momo a kashi na 46, motar kuwa kayan wasan yara ta ɗauko. Wannan ba'a mai zafi daga cikin gida ta fito, daga mutanen da suka san wanda ke riƙe da ran jarumarsu.

Waɗanda suka zo daga baya kan wannan turba suka bi. Tsutomu Mizushima ya ba da umarnin Bokusatsu Tenshi Dokuro-chan a 2005, sannan Dai Mahō Tōge a 2006, inda gimbiya Punie mai fara'a ke ajiye sihiri ta koma shaƙe wuya da karya gaɓoɓi, ɗan dabban da ke rakiyarta kuma kullum neman kashe ta yake yi. A Mahō Shōjo Ore na 2018 mai rakiyar ƙato ne mai siffar ɗan yakuza. Tambaya ɗaya suke ta maimaitawa cikin raha: wa ya ba yarinyar nan ƙarfi, kuma me zai karɓa?

Akwai masu cewa maza manya ne ke yin waɗannan shirye-shiryen ba'a don maza manya, suna wulaƙanta abin da 'yan mata ke ƙauna. Zargin yana da nauyi, domin yawancinsu da tsakar dare ake nunawa ko a faifai, kuma duk inda mai zane ya tsaya yana jin daɗin wahalar yarinya, ni ma ina tare da masu zargin. Amma bai kama salon gaba ɗaya ba. A 1993 Sailor Moon, shirin ƙananan yara mata, ya kashe jarumansa ɗaya bayan ɗaya a ƙarshen zangon farko kafin ya dawo da su, Pretty Cure kuwa tun 2004 da naushi yaransa ke faɗa kowace safiyar Lahadi. 'Yan matan Japan sun riga masu ba'ar sanin cewa jarumarsu tana iya zubar da jini.